Damina Saba'in

Har zuwa 'yan shekarun nan, idan ka tambayi tsohuwa a ƙauyukanmu shekarunta nawa, ba lamba za ta ba ka ba. Za ta ɗan yi shiru, sannan ta ce maka ranar da aka kashe Sardauna tana jegon ɗanta na uku, ko ta ce shekarar da aka daina kashe fam da sule aka koma naira ita ce shekarar da ta aurar da 'yarta ta fari. Kai mai tambaya kai za ka yi lissafi: Sardauna 15 ga Janairun 1966, naira farkon 1973. Kakanninmu kuwa da yunwa suke auna zamani, wannan ya ce an yaye shi bayan Ƙaƙalaba ta 1914, wancan ya ce shi a lokacin har ya fara bin awaki. A Nijar har gobe akwai masu kiran yunwar 1984 da El-Buhari, saboda ta zo daidai da lokacin da gwamnatin soja ta Buhari ta rufe iyakokin Najeriya.

Ranar mako ce ba a mantawa, domin tana cikin sunan mutum: Ladi, Talatu, Balarabe, Ɗanlami, Jummai, Asabe. Wanda ya zo cikin azumi ya zama Labaran ko Azumi, wadda ta zo ana tsaka da ruwa ta zama Marka. Sauran lissafin jama'a ke riƙe wa mutum. Kowa ya san sa'anninsa, waɗanda aka yi musu kaciya rana ɗaya, suka yi gayya tare, suka yi aure kusa da juna. Abin da ake bukatar sani shi ne wa ya girmi wa, don a san wanda zai durƙusa ya gaida wani, da wanda zai fara sa hannu a akushi, da wanda maganarsa za ta rufe taro.

Ni ma haka na tashi. Mahaifiyata, Allah Ya jiƙanta, ta ce da damina ta haife ni, gero ya fara fitar da kai, kuma da aka yi girbi aka shiga hunturu sai labari ya cika gari cewa Sarauniyar Ingila ta zo Kaduna, sarakuna sun tafi da dawakai an yi mata hawan daba. A farkon 1956 aka yi wannan zuwan, don haka ni ɗan daminar 1955 ne. Ranar da aka kai mu firamare babu wanda ya nemi jin wannan labari. An jera mu a gindin ɗorawa, aka ce kowa ya ɗora hannun dama bisa kansa ya taɓo kunnen hagu. Wanda ya taɓo ya isa shiga aji. Hedimasta ya buɗe rajista, ya ƙiyasta shekara da ido, ya rubuta wa yawancinmu 1 ga Janairu. 'Yan'uwanmu na Nijar su kuma takardunsu na zamanin Faransa sukan ce an haifi mutum wajajen shekara kaza, wannan kuwa ya fi kusa da gaskiya.

Aikin gwamnati ne ya sa wannan takarda ta yi nauyi. Dokar aiki a Najeriya ta ce ma'aikaci ya ajiye aiki idan ya cika shekara 60 da haihuwa ko 35 da fara aiki, duk wanda ya riga zuwa. Na san mutanen kirki da suka je kotu suka yi takardar rantsuwa suka zaftare wa kansu shekara huɗu ko biyar, tsoron ranar da albashi zai tsaya alhali yara na makaranta ya kai su. Kakanninmu ƙara wa kansu shekaru suke yi, don a wurinsu girma abin nema ne. A zamaninmu aka fara ragewa. Yanzu kuma banki da katin ɗan ƙasa sun ɗaure kowa da rana ɗaya, har tsohuwar da ba ta taɓa shiga aji ba tana da ranar haihuwa a kwamfuta.

Bukukuwan Bahaushe na asali duk na tashi daga wani matsayi ne zuwa wani: suna, kaciya, saukar karatu, aure, naɗi, dawowa daga Hajji. Haihuwar da aka fi tunawa da ita duk shekara ita ce ta Manzon Allah (SAW), a watan Mauludi. Idan an ƙirga wa wani shekaru an yi taro, to na mulki ne, kamar yadda Kano ta yi wa Sarki Ado Bayero a 2013 da ya cika shekara 50 a kan karaga. Ba a yi wa mutum biki don kawai ya daɗe. A jaridun Legas na fara ganin shafi guda cur an cika shi da hoton mutum ana taya shi murnar cika 60 ko 70. Daga baya abin ya shigo gidajen 'yan boko a Kaduna da Kano, ya fara da yara, ana yanka musu kek ana hura kyandir. Da wayar salula ta zo a 2001, Facebook ya biyo baya yana tuna wa kowa ranar kowa, sai al'adar ta haura zuwa kan iyaye da kakanni.

Malamai sun yi magana a kai, kuma ba su haɗu a baki ɗaya ba. Wasu sun ce kwaikwayon wasu al'ummai ne, a bar shi. Wasu sun ce al'ada ce, hukuncinta yana bin abin da aka aikata a cikinta. Ni abin da ya tsaya mini a rai shi ne me za a yi da ranar. Da 'ya'yana suka same ni, babbarsu ta ce, "Baba, bana fa saba'in. Ka bar mu mu yi maka walima." Na ce na yarda, amma da sharaɗi: a sauke Alƙur'ani, a ciyar da maƙwabta da almajiran unguwa, ban da kiɗa, ban da anko, kuma su nemo mini duk wanda ya rage cikin abokan karatuna.

Wannan sharaɗi na ƙarshe shi ya fi ba su wahala. Sun yi ta kiran waya, a wani gidan ɗa ya ɗauka ya ce ai Baba ya rasu bara, a wani gidan a ce yana nan amma ba ya gane mutane. Waɗanda suka zo ba mu cika tabarma ɗaya ba. Ɗaya jikansa ne ya riƙo masa hannu, don yanar ido ta hana shi gani, da murya ya gane ni, ya kira ni da sunan tsokanar da rabona da jin sa tun muna kwalejin horon malamai. Ɗaya ya zo da kujerarsa ta roba a bayan mota, saboda gwiwa ta hana shi zaman ƙasa. An kawo waina da miyan taushe, da tuwon shinkafa, da kunun gyaɗa. Jikoki suka shigo da kek ɗinsu, na yanka musu, na ɗanɗana kaɗan saboda likita ya gargaɗe ni da sukari. Sai wata jikata, ba ta fi shekara bakwai ba, ta ga tabo a dantsen abokina da ya naɗe hannun riga zai yi alwala, ta ce, "Kaka, me ya ƙone ka?" Ya yi dariya ya ce mu duka mu nuna mata. Muka naɗe hannayen riga, kowannenmu da tabon nan mai zagaye a dantse.

Tabon lamba ne, rigakafin agana. Yaran yanzu ba su san cutar ba, alhamdu lillahi, an ayyana kawar da ita daga duniya a 1980. Mu mun ga fuskokin da ta zane, mun ga makafin da ta bari, mun kuma tuna ranar da ma'aikatan lafiya suka zo a ƙarshen shekarun 1960 da wata bindigar allura, mai gari ya sa aka yi shela, aka jera mu babba da yaro. Agana ɗaya ce cikin masu ɗaukar yara a lokacin. Ƙyanda takan shigo gari da bazara ta bi gida gida. Ga tarin shiƙa, ga sanƙarau, wanda ko a 1996 sai da ya kashe fiye da mutum 11,000 a Najeriya, yawancinsu a Arewa. Kusan kowane gida akwai macen da ake kira mai wabi, ta haifa ta binne, ta haifa ta binne, har a raɗa wa jariri suna irin su Ajuji ko Ayashe don a nuna kamar ba a damu da shi ba, ko Allah Ya sa ya tsaya. Mahaifiyata ta binne wasu kafin ni, ta binne wasu bayana. Duk wanda ya kai saba'in a cikinmu ya tsallake wannan tun bai san kansa ba, ba da wayonsa ba.

Har yanzu ma kaiwa nan ba abin kowa ba ne. Ƙididdigar Majalisar Ɗinkin Duniya ta sa matsakaicin tsawon rai a Najeriya wajajen shekara 54 zuwa 55, yana cikin mafi ƙanƙanta a duniya, kuma waɗanda suka haura 65 kusan uku ne kawai cikin ɗari. Malamanmu sun karantar da mu hadisin da ya nuna cewa yawancin rayuwar wannan al'umma tsakanin sittin da saba'in take, kaɗan ne ke wucewa, da wanda ya nuna cewa wanda aka jinkirta masa har sittin ba shi da sauran uzuri. Manzon Allah (SAW) ya yi wafati yana da shekara 63. Shehu Usmanu Ɗanfodiyo an haife shi a 1754 ya rasu a 1817. Malam Aminu Kano bai cika 63 ba da ya rasu a 1983. Idan na tuna abin da waɗannan bayin Allah suka aikata cikin shekarun da ba su kai nawa ba, sai godiya da tsoro su haɗu mini a zuciya lokaci ɗaya. Shi ya sa na ga ranar ta cancanci a taru, in dai taron na godiya ne.

Bayan an ci abinci, wani saurayi cikin abokan 'ya'yana ya matso ya durƙusa ya ce, "Baba, me shekara saba'in ta koya maka?" Tambaya ce mai kyau, kuma na ci gaba da juya ta bayan kowa ya watse. Tsoho bai fi yaro kaifin ƙwaƙwalwa ba, sau da yawa ma yaron ya fi shi. Abin da tsoho ya fi shi da shi, ya ga ƙarshen abubuwa. Yaro farkon labari yake gani: wane ya yi kuɗi, wance ta yi yaji, an naɗa wane, farashi ya tashi. Tsoho ya ga irin wannan farkon a da, ya kuma zauna har ya ga inda ya ƙare. Ya ga attajirin da ake tashi tsaye in ya shigo masallaci, ya ga 'ya'yansa suna sayar da gidan. Ya ga auren da kowa ya ce ba zai kai shekara ba, ya halarci auren jikokinsu. Abin da ake cewa babba ya hango, yaro ko ya hau rimi ba zai gani ba, yawanci abin da ya taɓa wucewa ta gaban babban ne yake sake dawowa.

Azumi ya fi komai nuna mini wannan. Shekarar wata ta gaza ta rana da kusan kwana 11, don haka duk shekara 33 Ramadan yakan zagaye damina da kaka da hunturu da bazara ya dawo inda ya taso. A lissafin Hijira ma na riga na haura 72. Na fara cikakken azumi a ƙarshen shekarun 1960, yana faɗowa cikin Nuwamba, rana gajera, iska mai sanyi. Na yi shi da damina wajajen 1980, mutane na noma da ƙishirwa. Daga 1987 zuwa 1990 ya shiga tsakiyar bazara, Afrilu da Mayu, lokacin da ko kare ba ya fita da azahar. Muna jiƙa mayafi mu lulluɓa, a binne randa cikin jiƙaƙƙen yashi, a gama aikin ƙarfi kafin hantsi ya ɗaga. Da ya sake faɗowa cikin wannan zafin daga 2020 zuwa 2023, samarin unguwarmu suka ce ba a taɓa yin azumi mai wuya irin wannan ba. Na ce musu an yi, kuma ya wuce, kuma in Allah Ya kai su 2030 cikin Janairu za su yi shi, suna neman ruwan ɗumi na alwalar asuba. Ban rage musu zafin rana ba, amma na ga hankalinsu ya ɗan kwanta.

Haka canjin kuɗi. A 1973 an ce fam ɗaya ta zama naira biyu, tsofaffi suka yi shekaru suna lissafi da sule. A Afrilun 1984 aka sauya launin takardun kuɗi, aka ba da 'yan kwanaki kaɗan, aka rufe iyakoki. Na ga layin banki ya zagaye unguwa, na ga manomin da ya tono kuɗinsa daga tukunya bayan wa'adi ya wuce, ya zauna a bakin kasuwa yana kallonsu. Da aka yi sanarwar sauya takardun naira 200 da 500 da 1,000 a ƙarshen 2022, wani dattijo maƙwabcina, wanda ya girme ni, bai jira komai ba. A makon nan ya mayar da 'yan kuɗinsa buhunan masara da dawa, ya sayi tunkiya biyu, ya je wurin mai kanti da mai nama ya ce su buɗe masa littafin bashi. Yara suka ce tsoho ya rikice. Da farkon 2023 ta zo, mutane na kwana a bakin na'urar cirar kuɗi, ana sayen naira da naira, gidansa ne bai rasa tuwo ba, har maƙwabta suna aiko yara da kwano. Bai karanta ilimin tattalin arziki ba. Ya tsaya a layin 1984 ne, bai manta ba.

Wanda ya ga farin 1973 da na 1984, ya ga shanu suna faɗuwa a hanya, Buzaye da Fulani suna kwararowa kudu da abin da ya rage musu, ba zai yarda a share rumbu a kai kasuwa da kaka ba, komai kyan farashi.

Sai dai furfura ba ta zuwa da hankali a ɗaure. Hausawa da suka ce bin na gaba bin Allah, su ne kuma suka san tsohon banza. Akwai wanda ya ga abu sau uku bai koyi komai ba, akwai wanda shekaru suka ƙara masa rowa da zafin rai, akwai wanda ya riƙe kujera ya ƙi tashi har waɗanda ya kamata su gaje shi suka yi furfura suna jira. Sai a 2018 aka rage shekarun tsayawa takarar shugaban ƙasa daga 40 zuwa 35, a ƙasar da rabin mutanenta ba su kai 20 ba. Kuma mu 'yan zamanina akwai bashi a kanmu. Mun yi karatu kyauta, ana ba mu abinci da sabulu da kuɗin mota. Da aka buɗe shirin ilimin firamare na bai ɗaya a 1976, aiki ne yake jiran mu tun ba mu karɓi sakamako ba. A 1980 naira ta fi dala daraja. Mun tarar da masaƙun Kaduna suna aiki dare da rana, jirgin ƙasa yana zuwa Nguru da Ƙauran Namoda. Abin da muke miƙa wa jikokinmu bai kai abin da aka miƙa mana ba. Idan saurayi mai digiri yana tuƙa a-daidaita-sahu ya ƙi sauraron nasihata, ba na saurin cewa ba shi da tarbiyya. Yana da dalilin tambayar abin da muka yi da namu lokacin.

Duk da haka, rashin tambayar tsofaffi asara ce da ba a mayarwa. A 1949 da 1950 wata Baturiya, Mary Smith, ta zauna a Giwa ta ƙasar Zazzau tare da wata tsohuwa da aka sani da Baba ta Karo, wadda aka haifa wajajen 1877. Ta yi ta tambayarta tana rubutawa, aka buga littafin a 1954, bayan tsohuwar ta rasu. Baba ba ta yi sarauta ba, ba ta yi boko ba, ba ta ma taɓa haihuwa ba, 'ya'yan riƙo ta raina. Amma daga bakinta duniya ta san yadda matan Hausa suke aure da kishi da ƙawance da bori da ungozomanci kafin zuwan Turawa. A cikin labarinta akwai mahara da ke faɗa wa ƙauye su kwashe mata da yara, dangi su yi ta haɗa kuɗin fansa. Mu da muka tashi cikin zaman lafiya mun ɗauka wannan ya tafi har abada. Yau a wannan yankin na Giwa, da Birnin Gwari, da Zamfara, da kudancin Katsina, mutane na sayar da gona su fanso 'ya'yansu. Da muna da bakin dattawan wancan zamani a rubuce da yawa, da mun san yadda garuruwa suka kare kansu da ganuwa da haɗin kai, da yadda aka yi abin ya lafa. Kowane gari yana da irin Baba a lokacin. Ita dai an samu mai zama a gabanta da alƙalami.

A gidan da na tashi, ɗakin kaka shi ne ɗakin da ba a rufewa. Can muke kwana, can ake tatsuniya, can ake ɓoye yaron da ya yi laifi har zuciyar uba ta sauka. Ɗan fari da uwarsa ba ta iya kiran sunansa saboda kunya, a wurin kaka yake samun sakewa, ta kira shi maigidana, ta kira ƙanwarsa kishiya, a yi ta tsokana, a cikin tsokanar kuma ake gaya wa yaro gaskiyar da iyaye ba sa iya faɗa. Amarya in ta yi yaji, goggo ce ke ɗaukar mayafi ta je biko. Maza kuma suna zaure, duk mai shiga da mai fita sai ya bi ta gabansu. Aka ce babba juji ne, kowa ya kwaso shararsa nan yake zubawa, kuma aikin tsoho ke nan a gida: ya ji, ya haɗiye, ya sasanta, maganar ta mutu a wurinsa. Yanzu gandu ya watse, ɗa yana Abuja, 'ya tana Legas ko Jidda, gidajen sababbin unguwanni ba su da zaure, sai get da mai gadi. 'Ya'ya na ƙoƙari, ban raina musu ba, ƙarshen wata waya za ta yi ƙara kuɗi sun shigo. Amma na san dattawa da yawa da ba su rasa abinci ba, ba su rasa magani ba, abin da suka rasa shi ne wanda zai kawo musu matsala ya ce, "Baba, yaya ka gani?"

Waɗannan ma su ne masu sa'a. Akwai tsohuwar da mijinta ya rasu, 'ya'yanta ba su tsaya ba, tana sayar da ƙuli-ƙuli ko daddawa a ƙofar gida, wani lokaci har a laƙaba mata maita don kawai ta tsufa ita kaɗai. Akwai tsofaffin da rikici ya koro daga ƙauyukansu suna bara a bakin titi, mutanen da a garinsu su ake kai wa gaisuwa. Na tsaya a layin tantance 'yan fansho tare da mutanen da aka kawo a kan kujera, ana so su tabbatar da cewa suna raye. An sa hannu a dokar kafa cibiyar kula da tsofaffi ta ƙasa a 2018, abu ne mai kyau, amma mafi yawan tsofaffinmu manoma ne da 'yan kasuwa da matan gida, ba su taɓa karɓar albashi ba balle fansho. Gatansu 'ya'ya ne da maƙwabta. Idan za mu ɗauki al'adar walimar saba'in, ina roƙon mu ɗauke ta da wannan a rai: kwanon da za a fitar ranar ya isa ɗakin tsohuwar nan, kuma wanda aka yi wa taro a yau a koma gare shi ranar da ba taro.

Jiki kuwa yana faɗin nasa. Sujada ta zama abin da nake shiryawa kafin in yi, tashi daga ita ya fi. Barci yakan ƙare tun kafin kiran sallar farko, sai mutum ya zauna da casbi da tunani. Yanzu na gane abin da ya sa ake kiran Rajab watan azumin tsofaffi: wanda ya san saura kaɗan ba ya jiran Ramadan. Zuwa jana'iza ya fi zuwa ɗaurin aure yawa. Abin da ban zata ba shi ne sauƙin da ke tare da wannan. Gasar da ta cinye mana ƙuruciya, wa ya riga wa samun ƙarin girma, wa ya gina bene, duk ta faɗi. Mutumin da muka yi shekaru ba ma ga maciji saboda maganar fili, na taka har gidansa na ce mu yafi juna, ya riƙe hannuna ya ce shi ma abin na damunsa, kunya ce ta hana shi zuwa. Na rubuta basussukan da ake bi na da waɗanda nake bi, na ba babban ɗana takardar, na gaya wa iyalina inda takardun gida suke. A da ina ganin yin haka kamar kiran mutuwa ne, yanzu na ga hutu ne gare ni da su.

Akwai kuma abubuwan da ba a takarda suke ba, a kaina suke, kuma a danginmu saura ni da wani yayana muka san su. Wace ce kakar wane, ta ina muka haɗa jini da mutanen wancan gari, wa ya shayar da wa har aure ya haramta tsakanin zuriyarsu. Gonar gado ta ƙauye, iyakarta daga kukar nan ce zuwa layin gamba, ta karkata ta bayan tsohuwar rijiya, kuma gefenta na gabas aro ne kakanmu ya ba wani, ba kyauta ba. Ta arewa da ita burtali ne, hanyar shanu zuwa mashaya, wanda tun muna yara ba mai sa garma a cikinsa, yanzu an cinye shi saura ɗan siriri, kuma rabin faɗan manoma da makiyaya a yankinmu daga irin wannan yake tashi. Na gaya wa 'ya'yana cewa kyautar da nake so bayan walima ita ce su ba ni kwana biyu. Mun sa rana bayan Sallah, kafin ruwa ya sauka, in hanya ta yi lafiya. Ni da Yaya za mu taka iyakar da ƙafa, jikoki na biye suna ɗauka da waya, a kira maƙwabtan gona da mai unguwa su shaida. In an gama da gonar, za mu nemi mai gari da arɗo mu nuna musu inda burtalin ya bi tun asali.